Haɗin Gwiwar Makaɗa Biyu a Kiɗan Na'ura: Daga Zaman Farko Zuwa Ranar Saki

Tun da muka saki kiɗan da na yi da wani abokina mazaunin Kubwa, saƙonni ba su yanke ba, kuma kusan duk tambaya ɗaya ce, kowa dai da bakin da yake yin ta. Wani ya ce, "Kana Jos, yana Abuja, yaya aka yi kuka haɗa?" Wani ya ce ya tura wa abokinsa aikin da ya kwana uku a kansa, da aka buɗe a can sai aka tarar rabin sautukan sun ɓace. Wadda ta fi tsaya mini a rai wata baiwar Allah ce mai murya, ta ce sun yi wata uku suna aiki da wani makaɗi, ranar da waƙar ta fita sunansa kaɗai ta gani a kai.

Shi ya sa na ga gara in zauna in jera komai wuri guda. Ina magana ne a kan kiɗan da ake ginawa a kwamfuta: amapiano, afro-haus, haus, da wanda ake cakuɗawa da kalangu ko gurmi. Ko ku biyu duk makaɗa ne, ko ɗaya makaɗi ɗaya mawaƙi, jerin bai canza ba. Roƙona ɗaya, kada ɗokin fara bugu ya sa ku tsallake mataki na 1 da na 2. Yawancin ayyukan da na ga sun mutu, a nan suka kamu da ciwon.

1. Zaɓi mutumin kafin ka zaɓi kiɗan

Nemi wanda yake da abin da ba ka da shi. In kai kunnenka na kan ganga da bes (sautin ƙasa mai kauri), nemi mai hannun fiyano ko mai murya. Makaɗa biyu da kowannensu ke son riƙe ganga, a kan kik, wato bugun babbar ganga, za su ɓata. Kada yawan mabiyansa a TikTok ya ruɗe ka, ka ce ya turo maka ayyuka uku da ya kammala har suka fita. Garin nan cike yake da matasa masu basira waɗanda laftof ɗinsu ke ɗauke da kiɗa bila adadin, amma babu guda da aka kai ƙarshe. Mai iya gamawa kake nema.

In da hali, ku haɗu ido da ido ko sau ɗaya ne. Daga Jos zuwa Abuja ta Akwanga da Keffi tafiyar kusan rabin yini ce, kuma ta biya kuɗin motarta. Zumunci a ƙafa yake. Mutumin da kuka ci tuwo a kwano ɗaya ya fi jure gyaranka fiye da wanda lambar waya kawai ta haɗa ku.

A wannan zaman ku faɗa wa juna iyakokinku. Wane irin kalmomi ne ba za su shiga ba? Za a yi bidiyo? A wane irin wuri? Akwai wanda ya yarda a ji kiɗansa a biki amma bai yarda a ga fuskarsa a gidan rawa ba, saboda gida da iyaye. Wannan ba abin raini ba ne, musamman ga mata. Ku ji shi yau, ba ranar ɗaukar hoto ba.

2. Takardar rabo, tun kafin a kunna kwamfuta

Na san inda gizo ke saƙar. Mu mutane ne masu kunyar maganar kuɗi da aboki. Da ka ɗauko batun takarda sai a ce, "Haba, mu da muke 'yan'uwa?" Abin da nake faɗa wa nawa shi ne, "Mutumina, don zumuncin nan ya ɗore nake so mu rubuta." Ban taɓa ganin mai kyakkyawar niyya ya ƙi bayan ya ji haka ba. Tun ran gini, ran zane.

Ku fara gane cewa kowane kiɗa dukiya biyu ce. Ta farko ita ce ƙirƙirar kanta, wato kari da kalmomi da tsarin kiɗan. Ta biyu ita ce sautin da aka naɗa, wanda 'yan situdiyo ke kira masta. Kowace da hanyar da kuɗinta ke shigowa, don haka kowace a rubuta rabonta daban. Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta ba ku haƙƙi da zarar aikin ya samu a naɗe, ba sai an yi rajista ba. Amma dokar ba ta san hirar da kuka yi a mota ba. Miƙa wa wani haƙƙinka kuwa, ta ce sai da rubutu.

Shafi ɗaya ya isa. Ga abin da zai ƙunsa:

- sunan aikin, ko na wucin gadi ne, da kwanan wata;
- cikakken sunan kowa kamar yadda yake a katin shaida, da sunansa na fage;
- kason kowa a ƙirƙira, da kason kowa a masta;
- yadda za a jera sunaye a jikin kiɗan;
- wanda zai biya situdiyo, miksin (daidaita sautuka su zauna tare), hoton bango da dillali (kamfanin da ke kai kiɗa manhajojin saurare), da cewa za a fara mayar masa da kuɗinsa kafin a soma rabo;
- wanda zai ɗora kiɗan daga asusunsa;
- cewa talla, fim ko rimis (sake sarrafa kiɗan) sai da yardar ku biyu;
- abin da zai faru in aikin ya tsaya.

Wannan na ƙarshen shi aka fi mantawa. Mu muna rubuta cewa in wata shida ya wuce ba a gama ba, kowa ya ɗauki abin da ya kawo, ba wanda zai saki na wani.

Game da kaso, ra'ayina shi ne in ku biyu kuka fara daga fayil wanda babu komai a cikinsa, ku raba biyu daidai, ku huta. Ƙirga awoyi ba ya kai ku ko'ina: wani zai kwana bakwai yana gyaran ganga, wani ya zo cikin minti biyar ya kawo amshin da saboda shi za a riƙa kunna waƙar. In kuma ɗaya ya zo da kiɗan da ya riga ya gina, to a tattauna, a rubuta abin da aka tsayar. Ku sa hannu, shaida ɗaya ko biyu su sa, kowa ya ɗauki hoton takardar a wayarsa.

3. Kayan aiki da abin da za su ci

Ba sai kuna da manhaja iri ɗaya ba, sai dai in kuna da ita aikin ya fi sauƙi. A nan FL Studio ta fi yawa a hannun matasa. Mai sayen ta ya lura: ƙaramin bugun da ake kira Fruity ba ya ɗaukar murya, sai Producer, wanda kuɗinsa ke wajen dala 200, amma sabuntawarsa kyauta ce har abada. Ta gwaji tana barin ka adana aiki, amma ba ta barin ka sake buɗe shi. Ableton Live ta fi daɗin kiɗan rawa da wasan dandali. Logic a na'urorin Apple kaɗai take aiki. Reaper dala 60 ce ga ƙaramin mai sana'a, BandLab kuma kyauta ce har a waya.

Hattara: manhajar sata da ake zuba wa mutane a shaguna ita ce ke rufewa ana tsakiyar ɗaukar murya, wani lokaci ta shigo da cutar da za ta cinye fayilolinku. In kuɗi bai kai ba, ku yi da ta kyauta har ya kai.

Wanda zai ɗauki murya yana buƙatar sawunkad, wato na'urar da ke haɗa makirfo da kwamfuta, irin su Scarlett na Focusrite, da makirfo, da hedifon mai rufe kunne ruf, da rariyar da ake sawa a gaban makirfo. Makirfo mai kaifin ji irin AT2020 yana son wutar 48V daga sawunkad, kuma yana kwaso komai, har karan Keke Napep daga titi. In ɗakinka a bakin hanya yake, kamar masu zama wajen Bauchi Road ko Farin Gada, irin su SM58 sun fi maka rufin asiri. Farashin waɗannan kaya da dala yake tafiya, don haka ku tambayi shago biyu ko uku a satin da za ku saya, na hannu kuma a gwada shi a gabanku. In waƙa ɗaya ce kawai, hayar situdiyo na 'yan awoyi ta fi sayen kaya arha.

Kuɗin da ba a sawa a lissafi su ne data, man janareta, kuɗin mota da abincin ranar aiki. Ku rubuta su yadda ake kashewa, a wuri ɗaya da ku biyu ke gani.

4. Lambobi uku da za ku tsayar

Na ɗaya, saurin kiɗa, wato bugu nawa a minti. Amapiano na zama tsakanin 110 da 115, afro-haus wajen 120 zuwa 125. Ku zaɓi lamba ɗaya, ku sa ta a sunan fayil.

Na biyu, ki (key), wato matakin sautin da kiɗa da murya za su zauna a kai. A nan mai murya ke da ta cewa, ba makaɗi ba. A bar shi ya rera amshin a inda maƙogwaronsa ya sake, sannan a nemo ki ɗin a fiyano.

Na uku, ingancin naɗi: 24-bit, da 44.1 kHz ko 48 kHz. In za a yi bidiyo ku ɗauki 48. Kowanne kuka ɗauka, ku biyu ku tsaya a kai.

Daga nan kowa ya kawo kiɗa biyu na wasu da yake so naku ya yi kusa da su wajen nauyi da yanayi. Ba don a kwaikwaya ba. Kalmar "ɗumi" ko "nauyi" kowa da abin da yake nufi da ita, amma gani ya kori ji, a nan kuma ji ne ya kori faɗa.

5. Folda ɗaya, mai riƙo ɗaya

Ku buɗe folda a Google Drive, wanda ke ba kowa GB 15 kyauta. A ciki ku ware wuri huɗu: na fayil ɗin aiki, na muryoyi, na sautukan da aka fitar, na takardu. Sunan kowane fayil ya ɗauki sunan kiɗa, sauri, ki, lambar zagaye da harafin wanda ya taɓa shi ƙarshe. Kada a sa "na ƙarshe" a sunan fayil, domin gobe za a sami wani na ƙarshen.

Ƙa'idar da ba na sassautawa ita ce, mutum ɗaya ke riƙe da fayil a lokaci guda. In yana hannuna, abokina ba ya taɓawa sai na ce "ga shi nan". Na koyi wannan da tsada. A wani aiki na baya, ni da wani makaɗi muka yi mako guda kowa na gyara nasa kwafin, shi ya canza tsarin baituka, ni na sake gina bes a kan tsohon tsari. Da muka zo haɗawa babu wanda ya hau kan wani, kuma kowa na ganin nasa ne za a zubar. Aikin bai fita ba har yau.

Hattara da wuta: ka kunna adanawa ta kai-tsaye kowane minti biyar. In an ɗauke wuta ka zare caja da sawunkad daga soket, don dawowarta da ƙarfi ce ke ƙona kaya. Kowane dare kwafi ɗaya ya hau intanet, ɗaya ya shiga fulash.

6. Ƙwarangwal, sannan miƙa-miƙa

Ɗayanku ya fara da ɗan guntun kiɗa mai maimaituwa na gaɓa 8 ko 16, kowace gaɓa bugu huɗu. A saurin 112, gaɓa 16 daƙiƙa 34 ce ke nan. Ganga, bes, da sauti ɗaya mai ɗauke da kari, shi ke nan. Kada ka cika shi. Wanda ya turo kiɗan da ya toshe ko'ina bai bar wa abokinsa wurin zama ba, ya mayar da shi ɗan kallo.

Na biyu ya ƙara nasa, ya shimfiɗa tsarin daga farko zuwa ƙarshe: shiga, hawa, wurin da ganga ke saukowa, hutu, fita. In kuna so masu kiɗan biki da na kulob su ɗauka, ku bar musu gaɓa 16 ko 32 na ganga zalla a farko da ƙarshe, don su sami inda za su ɗinka shi da wani.

Mu zagaye uku muke yi kowa, sannan a rufe tsari. In ba a sa iyaka ba, shekara za ta zagayo ana ƙara ƙararrawa ana cirewa.

Yadda ake faɗin gyara shi ma sana'a ce. "Bai yi ba" ba gyara ba ne. Ka faɗi minti da daƙiƙa, ka faɗi abin da ka ji: "A 1:42 fiyano na danne muryar, ko za a rage shi ko a ɗaga shi sama?" Ka fara da abin da ya burge ka, da gaske ba don ladabi ba, domin abokinka ya san abin da ba zai taɓa ba. Magana mai nauyi, kamar cire wani sashe gaba ɗaya, a kira waya a yi ta. Rubutu ba ya ɗauke da murmushi. In kun kafe a kan abu ɗaya, a fitar da iri biyun, a bar su kwana biyu, a saurara da safe.

7. Ɗaukar murya da kayan gargajiya

Nan ne naku zai bambanta da na kowa, don haka nan za ku fi daɗewa.

Hausa harshe ne mai karin sauti da tsawon wasali. Kuka na hawaye da kukar miya, hawa da saukar murya ne suka raba su. Gari na mutane da garin tuwo, jan wasali ne. Idan makaɗi ya rubuta karin fiyano tukuna aka tilasta wa kalmomi su bi, sai ka ji kalma ta juye, mai sauraro ya ji wani abu na yi masa kaikayi a kunne ko da bai san mene ne ba. Maganinsa: mawaƙi ya fara faɗin baitin da bakin magana a kan gangar, a naɗa, a saurari inda muryarsa ke hawa da sauka da kanta, sannan a gina kari a kan wannan. Otatun ma, wato abin da ke daidaita murya ta hau kan ki, a yi masa linzami. In an matse shi sosai yakan share ɗan lanƙwasar da ke ba kalma ma'anarta, in kuma an sa masa ki da ba daidai ba, zai ja muryar zuwa inda ba ta nufa ba.

Wurin ɗauka ya zama ɗaki mai katifa, labule da kaya. Ɗaki fayau mai tayil yana mayar da amsa-kuwwar da ba ta gogewa. Bargunan da muke shiga da su lokacin sanyin Jos, a rataya biyu a bayan mawaƙi, suna aiki sosai. Tsakanin baki da makirfo a bar taƙi ɗaya. Ƙarfin shiga kada ya wuce -6 dB a inda aka fi ɗaga murya. In mawaƙi na jin muryarsa na makara a hedifon, a rage bafa (buffer, a saitin sautin manhajar) zuwa 128 ko 256.

Ku lura da lokaci. Da damina ruwan Jos kan sauko da rana ko yamma, rufin kwano kuma ba ya ɓoye shi, don haka safiya ta fi. Ku san lokutan kiran salla na unguwarku, ku tsaya, ku ba shi haƙƙinsa. Da hunturu maƙogwaro na bushewa, a ajiye ruwan ɗumi kusa.

Hattara: in ka ji wani gurnani siriri a ƙarƙashin muryar, yawanci wutar gida ce ko ta janareta, mai bugawa a 50 Hz. Zare cajar laftof ka ɗauka da batir, sau da yawa zai tafi. Kuma ka kashe 48V kafin ka cire ko ka sa makirfo.

In za ku kawo mai kalangu, mai gurmi ko mai kukuma, abu biyu. Na farko, kayansu ba a ɗaure suke da ma'aunin fiyano ba. Ku naɗi gurmin tukuna, ku nemo inda ya zauna, ku matso da na'urorinku wajensa. Jan gurmi da ƙarfi zuwa ki ɗin kwamfuta yana kashe masa rai. Na biyu, yawancin kiɗanmu tafiyar uku-uku yake yi, na'ura kuwa huɗu-huɗu take ƙirgawa. Ka sauya layukan manhajar zuwa uku-uku, kuma kada ka daidaita kowane bugu ya hau layi cif. Wannan ɗan jinkirin da hannun makaɗi ke yi, shi kuka kira shi ya kawo. Kalangu kuma magana yake yi, ku tambayi mai shi me ya faɗa, kada ku yanka kirarin wani gida biyu ku liƙa a tsakiyar kiɗan rawa.

Ku biya shi a ranar, ku gaya masa gaskiyar inda kiɗan zai je. Ni ga yadda nake cewa: "Baba, wannan na aikin yau ne. Kiɗan zai shiga intanet, za a ji shi har ƙasashen waje, kuma da sunanka zai fita. Ka amince?" In ba ya karatun boko, a karanta masa takardar da Hausa a gaban ɗansa ko wani nasa, a naɗi amincewarsa a waya. In hannunsa ne ƙashin bayan kiɗan, a ba shi kaso, ba sallama kaɗai ba.

Hattara da tsofaffin faya-fayai: yanko kuntigin marigayi Ɗan Maraya Jos, wanda ya rasu a 2015, ko na wani makaɗin da ya riga mu gidan gaskiya, ba halal ba ne don kawai ya rasu. Haƙƙin ƙirƙira na nan har shekara 70 bayan mutuwar mai shi, yana hannun magada. Zancen "daƙiƙa kaɗan ba laifi" ba shi da tushe. Ko ku nemi izini a rubuce, ko ku kira mai rai ya kaɗa muku sabo.

8. Fitar da sautuka sili-sili

Nan ne sautuka ke ɓacewa. Fayil ɗin manhaja ba ya ɗauke da sauti, nuni kawai yake yi zuwa inda sautin yake a kwamfutarka. In manhajarku ɗaya ce, a FL Studio ka fitar da shi ta Zipped loop package, a Ableton ka danna Collect All and Save. Ko da haka, filogin (ƙaramar manhajar sauti da ake ƙarawa a cikin babbar) da kake da shi abokinka ba shi da shi ba zai yi ƙara ba, kuma aikin da aka adana a sabon bugu ba lallai tsohon bugu ya buɗe shi ba.

Hanyar da ba ta ba da kunya ita ce fitar da kowane sauti shi kaɗai, abin da ake kira sitem. A FL ka zaɓi WAV ka kunna Split mixer tracks, a Ableton ka zaɓi All Individual Tracks. Kowane sili ya fara daga gaɓa ta 1, ko da sai a minti na uku zai yi magana, don a jera su kawai su hau kan juna. Ka kashe duk abin da ke kan babbar tashar fita. Murya a turo ta iri biyu, busasshiya da wadda aka yi wa ado. Ka haɗa da fayil ɗin MIDI (mai ɗauke da jerin abin da aka buga, ba sautin ba) na bes da fiyano, da kwafi ɗaya na kiɗan dungurungum don a san yadda kake jin sa.

Ga lissafin data. WAV sitiriyo a 24-bit da 48 kHz yana cin kusan MB 17 a minti. Amapiano mai minti 6, sili ɗaya ya haura MB 100, sili 20 sun kai GB 2. Fitarwa a FLAC maimakon WAV na rage nauyin sosai ba tare da ya taɓa ingancin ba. Ku tura da dare in kuna da datar dare.

Hattara: kada a tura sitem a MP3, kada a tura ta saƙon murya. In dole sai WhatsApp, a tura a matsayin takarda (Document), iyakarsa GB 2.

9. Miksin da mastarin

Hannu ɗaya ne zai yi miksin, ɗayan ya zama kunne. In kuna da hali ku ba wani na uku, wanda bai ƙaunaci kowane sauti ba. Ku tambaye shi tun farko gyara sau nawa kuɗinsa ya ƙunsa.

A kiɗan rawa faɗan na ƙasa ne, tsakanin kik da bes ko log diram (gangar amapiano mai kaurin sauti). Ku sa ɗaya ya riƙa kauce wa ɗaya, ku bar ƙasan a tsakiya ba a baje hagu da dama ba. Ku tuna masu sauraronku: yawancinsu da lasifikar waya za su ji, ko ƙaramar sifika ta Bluetooth, waɗanda ba sa fitar da ƙasa sosai. In bes ɗinku ba shi da ɗan kaushi a sama, a wayar zai ɓace. Ku gwada a waya, a mota, a hedifon mai arha, in kun san mai kayan sautin biki ku roƙe shi minti biyar kafin taro.

A miƙa wa mai mastarin, wato mai gogewar ƙarshe, da sarari, ƙololuwa wajen -6 dB. Spotify na daidaita ƙarfin waƙoƙi zuwa wajen -14 LUFS (ma'aunin ƙarar kiɗa), don haka matse kiɗa har ya shaƙe ba ya sa ya fi na kowa ƙara a can. Ku bar ƙololuwar ƙarshe a -1 dB. Ku karɓi WAV na saki, da mara murya, da mai tsawo na masu kiɗan taro.

10. Saki

Ba a fafe gora ranar tafiya. Ku sa rana aƙalla mako huɗu gaba. Audiomack da YouTube kuna iya ɗorawa da kanku kyauta. Spotify, wanda ya shigo Najeriya a 2021, da Apple Music da Boomplay, ta hannun dillali ake shiga. DistroKid kuɗin shekara yake karɓa, dala ashirin da 'yan kai, kuma yana iya raba wa kowa kasonsa kai-tsaye. CD Baby sau ɗaya ake biya a kan kowane aiki, sannan ya riƙa cire kashi 9. Ku tabbatar katin da za ku biya da shi yana biyan dala, musamman ranar sabunta na shekara, kada kiɗan ya sauka.

Wajen cike sunaye, ku sa ku biyu a matsayin manyan masu aikin, ba ɗaya babba ɗaya baƙo ba, don kiɗan ya bayyana a shafin kowa. Ku rubuta sunan fage harafi da harafi yadda yake a ayyukanku na baya. Hoton bango 3000 a 3000. Ku ajiye lambar ISRC, wato lambar shaidar sautin da aka naɗa, da dillali zai bayar, ku rubuta ta a takardar rabo. Mai son editocin Spotify su duba aikinsa sai ya miƙa aƙalla kwana 7 kafin ranar. In kun yi amfani da sautukan da ake sayar wa kowa, kada ku sa kiɗan a Content ID, tsarin YouTube mai gano masu amfani da kiɗan wani, zai riƙa kama ayyukan bayin Allah da suka sayi irin sautin.

Hattara: kafin ranar, kada cikakken kiɗan ya fita daga hannunku ku biyu, ko ga aminin da ya rantse. Kuma duk mai cewa ku biya ya kawo muku dubban masu saurare, ku rabu da shi. Saurare na bogi na jawo a sauke kiɗan, wani lokaci a rufe asusun gaba ɗaya.

11. Bayan ya fita

Kuɗin dillali na makara, yakan ɗauki wata biyu zuwa uku kafin rahoton farko ya bayyana, ku gaya wa juna haka tun yanzu don kada zargi ya shiga. Tun 2024 Spotify ba ya biya a kan kiɗan da bai kai saurare 1,000 a wata 12 ba. Dillalan Amurka za su sa ku cike takardar haraji ta W-8BEN, kuma da yake babu yarjejeniyar haraji tsakanin Najeriya da Amurka, ana iya cire har kashi 30 na abin da aka samu daga can.

Kuɗin dillali na masta ne. Na ƙirƙira, wanda ke fitowa daga rediyo, talabijin da wuraren taro, ta ƙungiyar karɓar haƙƙi yake biyowa, kamar MCSN, kuma kowannenku zai yi rajista da kansa, ku bayar da kaso iri ɗaya da na takardarku. Mai son ƙarin hujja yana iya shigar da aikin a Hukumar Haƙƙin Mallaka ta Najeriya, mai hedikwata a Abuja, ta intanet ma ana yi.

Wanda asusun ke hannunsa ya riƙa tura wa ɗan'uwansa hoton rahoto duk ƙarshen wata, ko da abin da ya shigo bai kai kuɗin kati ba. A fara cire abin da aka kashe, kamar yadda aka rubuta a mataki na 2, sannan a raba saura. Sitem, masta, fayil ɗin aiki da hoton takardar rabo kuma, kowa ya riƙe cikakken kwafi a wajensa, ɗaya a Jos, ɗaya a Abuja.